Warwarar Mas'alar Ruwan Wankan da Ya Ƙi Fita

Ka sani, ya kai mai neman sani, banɗakin ƙasa a lugga shi ne wanda ake sauka kafin a shiga. A isɗilahin magina kuwa, shi ne duk makewayin da daɓensa bai kai kwatar ƙofar gida tudu ba, ko da da faɗin yatsa ne. Ya kasu gida biyu: na ganganci, wanda mai gida ya haƙa don ya ga irinsa a wani otal, da na ƙaddara, wanda aka gina daidai, sai aka yi ta zuba wa layi cikon jar ƙasa kowace damina har layin ya tashi ya bar gidan a rami. A iya bincikena daga Kabo zuwa Gwarzo har Getso, na biyun ne jamhuru.

Asalin mas'alar shi ne ruwa ba ya hawa tudu. Kakanninmu sun tabbatar da haka da buta, kafin Niyuton na Ingila ya rubuta dalilinsa a 1687.

Sharuɗɗan rariyar shawa uku ne. Na ɗaya, gangara: kwatar inci a kowace ƙafa, wato bututu mai ƙafa 24 ya sauka da inci 6. (Tanbihi: kwatar inci daban, kwatar lungu daban, kwatar mahauta daban. Rikita su ya ɓatar da ɗalibai da dama.) Na biyu, faɗi: inci 2 ya wadatar da shawa, inci 4 haƙƙin masai ne. Na uku, gwiwa mai riƙe ɗan ruwa, domin ta tare wari da kyankyaso.

Idan gangara ta faskara, masana sun yi saɓani a kan ra'ayi uku. Na farko, a haƙa sokawe mai zurfi, da sharaɗin ya nisanci rijiya da mita 30. A fili mai ƙafa 50 a 50, wannan lissafi yana sauka ne a tsakar gidan maƙwabcin maƙwabci, wanda galibi ba a shawarce shi ba. Na biyu, a tara ruwan a ɗan rami, injin ya tura shi sama; ra'ayi ne mai ƙarfi matuƙar akwai wuta, mai rauni a sauran lokuta. Na uku, bokiti da autan gida. Wannan ne rinjayayye a aikace, ko da yake autan bai taɓa sallama masa ba.

Idan wani ya ce: ai nawa yana janyewa lafiya lau. Sai mu ce: a wane wata? Shaidar rani ba ta karɓuwa a wannan babi. A Agusta ƙasa ta ƙoshi, sokawe ya cika, abin da ka aika da safe sai ya dawo da la'asar, da rakiya. Na gani da idona silifas ɗaya ya ɗaga daga gindin shawa, ya kewaya bokiti sau biyu cikin natsuwa, ya tsaya a bakin ƙofa, ɗan'uwansa na nan inda aka cire shi.

Saura mas'alar mallaka: ruwan da auta ya watsa a lungu, na wa ne? Mai gida ya ce na lungu ne, maƙwabci ya ce na mai gida ne, duba-gari kuwa yana duba launin kumfar sabulun.