Hajiya Kyanwa a Masauki

A Ingila, in Bature zai yi balaguro, masauki yake kama wa kyanwarsa, kuma ba a karɓar baƙuwar sai da katin rigakafi. In hajiyar na da ciwon sukari, a haɗo ta da insulin ɗinta, a sa a firji, allura safe da yamma.

Duk wannan mai sauƙi ne, rigimar tana wajen ƙwayar magani. Ka cusa ta cikin kifi, ta cinye kifin tas, ta bar maka ƙwayarka a kwano tana lashe baki. Ka ce ɗura za ka yi mata, nan za ka san ba don ado aka yi mata farce ba.

Mai neman aiki a irin wannan masauki ya tanadi safar hannu mai kauri.