Rigar Da Ba Ta San Kara Ba

Mutanen Birnin Tsuke ba su da gidan yari, alkalinsu ma rabin yini gyangyaɗi yake yi. Yadi ne ke riƙe da garin. Zaren tsamiya ne, irin wanda ake yi wa babbar riga aiki da shi a wurinmu, sai dai tsutsotsin da ke yin nasu a kan wata tsamiya suke, daidai ƙofar alkali. Kaka da kakanni suna sauraron masu shari'a, har ya zame musu jiki: da an shirga ƙarya sai su takure. Zaren ya gaji halin. Ka sa rigar ka faɗi abin da ba haka yake ba, sai ta ɗage taƙi guda.

Shi ya sa shari'a a can ba ta daɗewa. A zura wa mai shaida riga, a auna da kamu kafin ya buɗe baki, a sake aunawa in ya rufe. Dillalai da maroƙa an yafe musu, warki suke ɗaurawa. Tela ba ya ce maka "gobe da yamma", cewa yake "ban ma yanka ba, kuɗinka kuma na ci." Tsohon da ka ga rigarsa na jan ƙasa, ko waliyyi ne ko bebe.

Fataucin ɗan Kura ya kai ni. A bakin marinar Ƙofar Mata na tashi, wadda ake cewa tun 1498 ake tsoma zane a cikinta. Baba da toka da kanwa na san su tun ban iya tsarki ba. Da mai masaukina ya gama bayani sai na ce a raina, yadi mai tsukewa ai rashin jiƙa shi ne kafin ɗinki. Ni kuma ba maƙaryaci ba ne. Ya ara mini aska takwas da wandonta, muka tafi gaida surukinsa, Sarkin Kasuwa.

A zaure na ji an tambayi wani yadda ya kwana, ya ce, "Sauro, ranka ya daɗe, da jaririn maƙwabta." Na ce wannan bai samu tarbiyya ba. Aka juyo kaina.

"Baƙo, ina gajiya?"

"Ba gajiya, ranka ya daɗe."

Ƙafafuna a kumbure suke saboda tafiya. Sai na ji iska a idon sawu.

"Yaya ka baro iyali?"

"Lafiya lau."

Matata ta yi yaji tun kafin in ɗaure kaya. Riga ta kai gwiwa. Fadawa suka sunkuyar da kai, wani ya fara tasbihi da ƙarfi.

Aka kawo tuwon dawa da miyar kuka, gishiri kamar an juye ayarin Bilma a tukunyar. Uwargida ta tambaya daga bayan labule, "Baƙo, yaya miyar?" To, wane ɗan halak ne zai ci tuwon mutane ya kushe? Tun muna yara da bulala aka koya mana kara.

"Kai, Hajiya, hannunki da albarka."

Hannuwan rigar suka naɗe kansu a kafaɗa, ba tare da na taɓa su ba.

"A ƙaro?"

"Na ƙoshi, Hajiya."

Loma biyu na yi, cikina na kuka. Wando ya cafki cinya, mazagi ya shige ciki. Askar nan takwas suka cure a ƙirjina har ba ka iya ƙirga biyu. Mai masaukina ya mintsine ni: "Don girman Allah yi shiru, rigar aurena ce."

Na yi shiru, amma wuyan riga ya riga ya kama maƙogwaro. Sarkin Kasuwa ya dube ni da tausayi.

"Ta matse ka ne?"

"Ko kaɗan," na ce da siririyar murya. Idanuna suka firfito.

Mai masaukin ya raɗa mini cewa gaskiya mai ɗaci ce kaɗai ke sa ta saki. Na runtse ido.

"Hajiya, gishiri ya yi yawa."

Wuya ya saki, na shaƙi iska.

"Tuwon kuma duk gudaji ne."

Hannuwa suka sauko. Abin ya fara yi mini daɗi.

"Ranka ya daɗe, zauren nan warin bunsuru yake, rawaninka kuma rinin ɗan koyo ne."

Riga ta wuce gwiwa, wando ya saki cinya. Ina hango jikan maigidan da aka goyo, mai kunnuwa fato-fato, na buɗe baki, mai masaukina ya toshe shi da hularsa, ya ce tsawon da ta yi ya ishe shi.

Muna sa takalma uwargida ta fito rakiya, da sabon zanenta har ƙasa. Na durƙusa zan ba da haƙuri, ta tare ni.

"Haba, baƙo, ai ban ji haushi ba. Ka sake zuwa."

Zane ya yi tsalle taƙi biyu. Ta cafke shi da hannu bibbiyu ta zura cikin gida, muka ji ta yi karo da turmi, kaji suka watse.