Kati Biyu a Kwamfuta Ɗaya: Shawara ga Masu Gidan Gem na Batsari da Safana

Idan Allah ya hore maka ka buɗe gidan gem a Batsari ko Safana, ka ƙi tsayawa kan PlayStation kamar sauran bayin Allah, ka ce kai sai kwamfuta, kwamfutar ma mai katin hoto biyu, to matso kusa, Malam, da kai nake. Na san yadda aka yi. Ka sayar da gero, ka hau mota zuwa Kano, ka faɗa Beirut Road, wani yaro mai zaƙin baki ya ɗora maka kati ɗaya a tafin hannu ya ce idan ka haɗa shi da ɗan'uwansa gudun ninkawa zai yi. Ka biya ba ko tayi. Yau ga shi wani koren sanda ya miƙe a gefen hagu na talabijin, yana tsawo yana gajarta, yara sun bar kallon ƙwallo sun koma kallonsa.

Shawarar farko, kada ka yi gaggawar gyara. Bar shi ya kwana biyu gari ya ɗauka. Za a sami wanda zai rantse mai gidan kallon da ke bayan tasha ne ya yi maka aike. Wani zai ce na'urar gwamnati ce mai ƙirga kuɗin da kake samu saboda haraji. Duk wanda ya zo ganin sandan nan sai ya buga wasa ɗaya kafin ya fita, kai kuwa kana karɓar kuɗinka. Sai ranar da ka ga an fara zancen kawo hayaƙi da rubutu, sannan ka tashi ka yi abin da zan faɗa maka.

Amma fara sanin abin da ka jawo wa kanka. Haɗa kati biyu su yi aiki ɗaya tsohuwar dabara ce. Wani kamfanin Amurka mai suna 3dfx ne ya fito da ita a 1998 da katinsa Voodoo2, ya kira ta SLI. Kamfanin ya durƙushe, Nvidia ta saye kayansa, ta dawo da sunan a 2004. ATI, wadda AMD ta saya a 2006, ta fito da nata salon a 2005 mai suna CrossFire. Yadda suke aiki kuwa, duk mai mata biyu ya riga ya sani: rabon girki ne. Uwargida ta zana hoto ɗaya, amarya ta zana na biye, haka suke karɓa-karɓa sau sittin ko fiye a cikin daƙiƙa guda. Idan suna shiri, gida lafiya. Idan ɗaya ta makara da ɗan ƙiris, sai ka ga ɗan wasa yana gudu yana ɗingishi alhali lambar da ke kusurwa tana cewa komai daidai. Kuma kada wani ya ruɗe ka da lissafin ɗan firamare: kati mai giga 4 da wani mai giga 4 ba su zama 8 ba. Kowace da nata kayan ɗaki, kwafin abu ɗaya suke ajiyewa, giga 4 ɗin nan dai ita ce taka. Nvidia ma sharaɗi ta gindaya, sai amarya ta zama samfuri ɗaya da uwargida. Idan an sayar maka da GTX 1060 guda biyu da sunan za su haɗu, Allah ya mayar maka da alheri, wannan katin ba a yi shi da wurin haɗawa ba.

To koren sandan fa? Ba ciwo ba ne. Ma'auni ne da Nvidia ta sa domin ya nuna maka ko katin biyu suna raba aiki, shi ya sa za ka ga an rubuta SLI a samansa. Buɗe Nvidia Control Panel, duba can sama inda aka rubuta 3D Settings, za ka ga alamar maki a kan layin da ke cewa a nuna alamar SLI. Cire makin. Shi ke nan. A nan kuma ake kashe ɗan rubutun PhysX da ke maƙalewa a kusurwa. Idan katinka na AMD ne, tambarin CrossFire da ke zama a sama ta dama shi ma daga saitin manhajarsu ake sallamarsa. Ina ba ka shawara ka kori yara waje kafin ka yi wannan, ka rufe ƙofa, ka ɗan jima, ka fito kana share gumi. Gyaran da aka gama a gaban jama'a cikin daƙiƙa biyar ba ya jawo wa mutum girma.

Sai kuma lambobi. Wata rana za ka tarar da kusurwar allo cike da rubutu, zafin kati kaza, gudun fanka kaza, hoto nawa a daƙiƙa. Kada ka tambayi wanda ya kunna. Babu wanda ya kunna. A tarihin gidajen gem daga Wagini har Runka ba a taɓa samun yaron da ya taɓa komai ba. “Wallahi Yaya, haka na gan shi” ita ce amsar, ko da gwiwar hannunsa na kan madannai lokacin da yake rantsuwar. Kai dai ka haddace makullan. A manhajar Nvidia, Alt da R ke kunna lambobin su kashe su, Alt da Z ke buɗe babban labulenta. A ta AMD, Ctrl da Shift da O. Idan wasu akwatuna ne suka rufe fili gaba ɗaya, na Windows ne, maɓallin Windows da G. Na Steam kuwa Shift da Tab. Rawayar lamba ƙatuwa a kusurwa aikin tsohuwar manhajar Fraps ne. Jerin rubutu masu launi kuma yawanci RivaTuner ce da ke zuwa tare da MSI Afterburner, wadda mai shagon ya sa domin ya burge ka ya manta bai cire ba. Abin da ya fi muni shi ne uku daga cikinsu su tashi tare, kowace tana son ta rubuta nata a kan hoto ɗaya. Nan ne allo zai fara ƙyaftawa, wasa ya riƙa fita da kansa daidai lokacin bugun fanareti. Zaɓi ɗaya, kashe sauran.

Akwai rubutun da ba maɓallin da ke kore shi. Wanda ke ƙasa ta dama, fari-fari, yana cewa a kunna Windows, wannan ɗan karɓar bashi ne, kuma ya fi ka haƙuri. Masu gidan kallo sun san ɗan'uwansa, E16 na DStv, wanda ba ya zuwa sai ranar babban wasa. Idan kuwa talabijin ɗin ce da kanta take fito da talla tana yabon kanta kowane minti biyu, an bar ta ne a saitin shago; shiga saitinta ka mayar da ita na gida.

Duk waɗannan wasa ne. Ciwon gaske shi ne ranar da ka ga ɗigo-ɗigo kore da ja sun watsu a fili, ko ƙananan murabba'ai sun jeru, ko fuskar ɗan wasa ta miƙe ta yi tsini har ta kai tutar kwana. Nan ma kada ka fara da zargin kati, domin shi ne mai tsada, kuma mai hankali da mai araha yake fara rigima. Danna maɓallin ɗaukar hoton allo, Print Screen, ka tura hoton a wayarka ka duba. Idan a waya fes yake, laifin yana tsakanin bakin kati da talabijin, wato kebul ko ita kanta talabijin ɗin. Buɗe saitin talabijin: in layukan sun hau har kan rubutunta, allonta ne ya gaji. In ba su hau ba, canja kebul ɗin HDMI, musamman idan irin wanda ake sayarwa a baro ne tare da tocila da abin yanke farce. Ka kuma leƙa baya ka ga inda aka soke shi. Sau da yawa za ka tarar an soka shi a jikin uwar allon kwamfuta, katinka biyu na zaune suna shan wuta ba su zana ko ciyawar fili ba. Idan hoto yana rabewa biyu ne a tsakiya lokacin da kyamara ta juya da sauri, ba abin da ya lalace, kunna V-Sync a saitin wasan.

Idan ɗigon ya biyo hoto har cikin waya, to a cikin gida ɓarawon yake. Kashe wuta, buɗe akwatin. Fara da ƴar gadar da ke haɗa kawunan katin biyu, cire ta, goge, mayar da ita ta zauna daram. Sannan ka dubi fankokin. Waɗanda suka ƙera katin nan ba su taɓa jin labarin hazon Disamba a bakin dajin Rugu ba, ba su kuma san Afrilun Katsina da zafi ke haura digiri 40 a inuwa ba, balle a shago mai rufin kwano da samari goma sha a ciki. Katin sama shi ya fi shan wahala, domin na ƙasa ya toshe masa iska kuma yana hura masa nasa zafin. In ka ga ma'auni ya wuce digiri 85 ya zauna can, ba ƙoƙari yake yi ba, kuka yake. A hure ƙurar da abin hura iska na masu gyara, a riƙe fanka da yatsa kada ta yi ta juyawa, a sake man da ke tsakanin kati da ƙarfen sanyaya shi. Ban ce man kaɗe ba. Ban ce man goge baki ba, duk da na san akwai wanda zai gwada.

Ka tuna kuma daga ina katin gwanjo yake fitowa. A Satumbar 2022 aka daina haƙar kuɗin intanet na Ethereum da katin hoto, sai katunan da suka yi shekaru suna aiki dare da rana ba hutu suka malalo kasuwannin duniya a wanke, a goge, a cikin sabuwar leda. Irin wannan idan ƙwaƙwalwarsa ta fara zubar da ɗigo, rage mata gudu kaɗan a Afterburner yakan ƙara masa kwana. Za ka ji masu cewa a gasa kati a tanda ya warke. Yakan farfaɗo na ɗan lokaci, ya sake kwanciya. Kada ka kai wa mai gurasa.

Wuta kuma fa? Nan ne lissafi ke kama mutum. GTX 970 guda ɗaya tana neman wat 145, biyu 290, ban da sauran kwamfutar, da talabijin, da fankar sama, da wayoyi ashirin da ka karɓa caji. Duk ka ɗora wa ƙaramin janaretan nan da ke tari tun safe. Daidai lokacin da aka shiga ragar abokin hamayya katin biyu za su ja wuta tare, allo ya yi baƙi, wanda aka ci ya ce ai ba a ci ba. Wannan ba laifin kati ba ne, kuma ba kullum ne laifin kamfanin wutar lantarki KEDCO ba, tunda ba a zargin wanda bai zo wurin ba. Sami akwatin wutar kwamfuta na kirki mai wat 650 ko sama, sa sitabilaiza, idan sola ce ka tabbata inbata ta ɗauka. Tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023, kowane kati na biyu lita yake sha, kai ne dai ba ka auna ba.

Ragowar magana ta direba ce, manhajar da ke sarrafa katin. Idan allo ya daskare, danna maɓallin Windows da Ctrl da Shift da B tare, zai yi ƙyafce ya dawo. Idan abin ya zama ɗabi'a, a share tsohon direba tas da manhajar DDU, a sa wani. Kuma ka ajiye wanda ya yi maka aiki a filashi, ka ɓoye inda kake ɓoye takardar fili. Mutanen Batsari da Safana ba sa buƙatar a yi musu bayanin dalili: a Satumbar 2021, zamanin Gwamna Aminu Bello Masari, an rufe layukan waya a ƙananan hukumomi 13 saboda matsalar tsaro, har da waɗannan biyun, aka shafe watanni ba sabis. Wanda ya dogara da sauko da direba daga intanet a lokacin sai dai ya koma dara.

Idan duk an yi wannan ɗigo bai tafi ba, sai a raba su. Cire kati ɗaya, buga wasa da ɗayan, sannan ka musanya. Mai laifi zai tona kansa. A nan ne za ka ga abin da zai ɓata maka rai: da kati ɗaya wasan ya fi tafiya sumul. PES da FIFA da yaranka ke bugawa ba wani nauyi gare su ba da zai sa a nemi kati biyu, kati ɗaya mai lafiya ya ishe su har da canji. Su kansu masu abin sun watsar. AMD ta ajiye sunan CrossFire tun 2017. Nvidia ta daina fitar da sabon saitin SLI na wasanni daga Janairun 2021, katinta RTX 4090 na 2022 ma ko wurin soka gada babu. Yaron nan na Kano ya san haka sarai lokacin da yake maka rantsuwa.

Katin da ka cire, in lafiyarsa ƙalau, nemi tsohuwar kwamfuta ka sa shi, ka jawo benci na biyu, layi ya zama biyu, kuɗi ya shigo ta ƙofa biyu. In kuwa shi ne mai zubar da ɗigon, goge shi ya yi ƙyalli, ɗora shi a kan kanta inda kowa zai gani, kada kuma ka taɓa allon da ka rubuta “Kati Biyu” a ƙofar shago. Ba ƙarya ka yi ba, biyun ne, ba wanda ya tambaye ka nawa ke ciki.