Mai Littafi da Mai "Allah Ya Kai Mu"

In ana son sanin halin mutum, a tambayi telansa ranar da ya kawo ɗinkin Sallah. Akwai wanda tun cikin Sha'aban ya shiga Kantin Kwari ya yanki shaddarsa, ya rubuta ranar karɓa a littafi. Shi ne mai sayen ragon layya tun da sauran wata uku, yana zuba masa dusa da harawa, yana alfaharin ya saya da arha, kuɗin dusar kuwa bai taɓa shiga lissafi ba. Akwai kuma mai "Allah ya kai mu", wanda sai daren jajibiri zai faɗo shago da yadi a hammata, yana cewa, "Maigida, ɗan taimaka, ai ba wani aiki ba ne." A tsakaninsu ga mai tsarin baki, gwanin zayyana yadda za a yi, ranar aiki kuma wayarsa a kashe. Wannan ba ya cikin gardamar, don ko mutanen gidansa sun daina lissafi da shi.

Galibi ana cewa na biyu yana cin gumin na farko ne kawai, kuma zargin ba ƙarya ba ne: shinkafar da ya ranta daren Sallah daga buhun mai littafi ta fito. Amma masu zargin sun manta cewa ita kanta Sallar ba ta bin littafin kowa. Azumi 29 ne ko 30, sai an ga wata, Sarkin Musulmi ya sanar daga Sakkwato, wani lokacin dare ya riga ya yi. In mai littafi ya gina shirinsa kan 30 aka ga wata a 29, sai ya tsaya yana juya shafi yana salati. Nan kasuwar ɗan'uwansa ke buɗewa, don shi rikici gidansu ne: ya san injin markaɗen da ke aiki tsakar dare, ya san mahaucin da ake bugun ƙofarsa bai yi fushi ba.

Za a ce sa'a ce. Wani ɓangaren sa'a ce, wani kuwa sanin kasuwa ne. Malikiyya sun ba layya kwana uku, shi ya sa mai "Allah ya kai mu" yakan jira rana ta biyu, lokacin da fatake suka ƙosa su koma gida, ya taya rago yadda ya ga dama. Wata shekarar sai dai ya dawo da ramamme, yara suna dariya. Ko wanne ya samu, da wuƙar mai littafi zai yanka, wadda aka wasa tun watan jiya.