Jinjina ga Janar Ishaya Bamaiyi, Gwanin Gadin Kujera

A ƙasar Zuru kaki ba baƙo ba ne. Ka shiga gida a Dabai ko Ribah ko Mahuta, da wuya ka rasa hoton wani ɗa cikin kayan soja rataye a bango. Wani ya dawo yana jiran fansho, wani kuwa akwatin kayansa kawai aka kawo wa uwarsa. Saurayin da ya yi golmo, ya shafe shekaru yana noma gonar surukinsa kafin a ba shi mata, horon kurata a Zariya ba zai karya shi ba. Cikin dubban 'ya'yan da ƙasar nan ta ba soja, wanda ya hau ƙololuwa shi ne Laftanar Janar Ishaya Rizi Bamaiyi, Babban Hafsan Sojan Ƙasa daga Maris 1996 zuwa Mayu 1999. Ranka ya daɗe, yau ranar yabonka ce.

A Afrilu 1990, lokacin da Manjo Gideon Orkar ya shiga rediyo ya ce ya yanke jihohin Arewa biyar daga Najeriya, har da Sakkwato wadda Zuru ke cikinta a lokacin, kana cikin hafsoshin Ikeja da suka murƙushe yunƙurin juyin mulkin. Wannan aikin soja ne, babu mai ƙwace maka shi. Sai dai abin da ya biyo baya ne ya nuna cikakkiyar baiwarka.

Baiwar kuwa ita ce haƙuri. Janar Chris Alli, wanda ya riƙe kujerar Babban Hafsan Sojan Ƙasa a farkon mulkin Abacha, bai iya riƙe bakinsa ba, bai cika shekara ba aka sallame shi a 1994. Kai ka fi shi sanin darajar shiru. Kana kan kujera aka tuɓe Sarkin Musulmi Ibrahim Dasuki a Afrilu 1996. Kana kai aka harbe Kudirat Abiola a titin Legas cikin Yuni na shekarar. A Disamba 1997 Janar Shehu Musa 'Yar'aduwa, wanda ya sa kaki tun kafin ka sa, ya rasu a kurkukun Abakaliki. Ba a ce kai ka aikata ko ɗaya ba. Abin da ya burge mu shi ne, duk wannan bai ɗaga maka hankalin da zai sa ka ajiye hula ka ce ba da kai ba. Irin wannan dauriya sai ɗan Zuru.

Sannan ga ƙaunar dimokuraɗiyya. A farkon 1998 yaranka suka zubar da jininsu a Saliyo, suka kori sojojin da suka yi juyin mulki a Firitawun, suka mayar da zaɓaɓɓen shugaba Ahmad Tejan Kabbah kan mulki. A daidai lokacin, mutumin da 'yan Najeriya suka zaɓa ranar 12 ga Yuni 1993 yana tsare a Abuja, jam'iyyu biyar kuma suna shirin tsayar da Abacha shi kaɗai ɗan takara. Karamci ke nan: abin da ka hana iyalinka, ka ɗauka ka kai wa maƙwabta har gida.

Amma inda gwanintarka ta fi fitowa shi ne zumunci. A Disamba 1997 aka kama Laftanar Janar Oladipo Diya, mutum na biyu a gwamnati, tare da Janar Abdulkarim Adisa da Janar Tajudeen Olanrewaju, bisa zargin kitsa juyin mulki. Aka kai su Jos gaban kotun soja ta Janar Victor Malu. Diya ya tsaya cikin ankwa, ya duba waɗanda aka gurfanar, ya tambayi ina Bamaiyi, domin a cewarsa kai ne ka kawo maganar tun farko. Kai kuma ka ce shi ya kitsa, kai rahoto ka kai, aka umarce ka ka bi su a sannu. Allah ne masanin wanda ya fara buɗe baki. Abin da ɓangarorin biyu suka yarda da shi ya ishe mu: shugaban sojan ƙasa ya zauna da abokan aikinsa, ya yi musu fara'a, ya saurare su, alhali ya san inda zancen zai kai wuyansu. A Afrilu 1998 aka yanke musu hukuncin kisa; mutuwar Abacha ranar 8 ga Yuni ce ta tsame su. Ƙananan hafsoshi sun ɗauki darasi a wurinka, cewa wanda kuke cin tuwo tare shi ne abin tsoro.

Daga baya ƙaddara ta juyo. An kama ka a 1999 kan zargin yunƙurin kashe Alex Ibru, mai jaridar Guardian, ka shafe sama da shekara takwas a tsare, kotun Legas ta wanke ka a Afrilu 2008. Tsare mutum tsawon wannan lokaci ba tare da hukunci ba zalunci ne, ko wane ne shi. Sai dai ko a kurkukun Kirikiri ba ka daina ba mu mamaki ba. Hukumar EFCC ta gurfanar da Fred Ajudua bisa zargin ya damfare ka dala miliyan takwas da ɗoriya kuna ɗaure tare, kai da kanka ka je ka ba da shaida. Ma'aikacin gwamnati mai cin albashi, yana bayan kanta, ya iya haɗa wannan kuɗi! Tsohon saja da ke layin tantance 'yan fansho da takardunsa cikin leda ya kamata a turo shi ya koyi tattali a wurinka. A 2017 kuma ka fitar da littafin da ka wanke kanka da kanka, don kada ka wahalar da masu tarihi.

To, ranka ya daɗe, yabo ya ƙare a nan. A Yuni 2021 'yan sanda sun tabbatar da kashe mutum 88 a ƙauyukan Danko-Wasagu. A Maris 2022 an yi wa 'yan sa-kai kwanton ɓauna a yankin Sakaba, aka kashe fiye da sittin, manoma ne da suka ɗauki bindigar toka domin babu mai tsare su. Ba kai ka turo 'yan bindiga ba. Amma rundunar da aka damƙa maka shekara uku, ka bar ta ta fi ƙwarewa a gadin kujerar mutum ɗaya da farautar junanta fiye da gadin ƙauye, kuma mutanen da suka haife ka suna cikin masu biyan bashin. Kana da rai, ana jin maganarka a Abuja. Ka yi amfani da ita don Wasagu da Sakaba.