Idan Kuma Na Ci Fa?

A unguwar Tondo da ke Manila, babban birnin ƙasar Filifin, aka haifi wasu 'yan fim biyu. Babban shi ne Rodolfo Quizon, wanda aka fi sani da Dolphy, haihuwar 1928. Ƙaramin kuwa Joseph Estrada ne, haihuwar 1937.

Dolphy ya sha wuyar duniya tun yana yaro. Lokacin da sojojin Japan suka mamaye ƙasar, ya goge takalman mutane, ya yi dako a tashar jiragen ruwa, ya yi tallar gyaɗa a gidajen kallo, kafin a ɗauke shi ɗan rawa a dandali. Daga 1973 zuwa 1990 mutanen ƙasar suna zama gaban talabijin don kallon John en Marsha, inda ya fito a matsayin John, talakan da ya auri 'yar mai kuɗi. Surukar tasa, idan ana bukatar kuɗi, sai ta aiki 'yar aikinta gida ta sharo mata takardun kuɗi daga ƙasa. Shi kuma John ba ya karɓa, ita kuma ba ta fasa yi masa gorin ya tashi ya nema. Da wannan da ire-irensa ya zama sarkin barkwancin ƙasar.

Mai irin wannan farin jini ba ya rasa masu zuga. An sha ce masa ya fito takara, jama'a na bayansa. Amsar da ya riƙa bayarwa har yau ana maimaita ta a can: tsayawa ba wuya, to idan kuma na ci fa? Mutumin da zai iya tara miliyoyin ƙuri'u da murmushi kawai ya auna kansa, ya ga iya sa mutane dariya daban, iya riƙe asibiti da baitulmali daban.

Estrada bai yi wa kansa wannan tambayar ba, ko kuma ya yi, 'yan amshin shata suka amsa masa. Talaucinsa na fim ne, don mahaifinsa injiniya ne mai rufin asiri. Amma a fina-finai fiye da 100 da ya yi, an saba ganinsa yana naushin azzalumai don ƙwato wa talaka haƙƙinsa, sai talakawa suka ɗauka haka yake har a gida. Ya zama magajin garin San Juan a 1969, sanata a 1987, mataimakin shugaban ƙasa a 1992, sannan a 1998 ya lashe shugabancin da ƙuri'a fiye da miliyan 10, yana kirarin shi na talakawa ne.

Ni dai labarin Filifin nake bayarwa, ƙasa mai nisa. Wanda aka riga aka buga wa fasta, yake cewa ba shi ya nema ba, jama'a ce ta matsa masa, ya kwantar da hankalinsa.

A watan Oktoban 2000 wani aminin Estrada, gwamnan lardin Ilocos Sur, Chavit Singson, ya fito ya ce shi da kansa yake kai wa shugaban kuɗin wata haramtacciyar caca da ake kira jueteng. Majalisar dattawa ta fara shari'ar tsige shugaban. Da sanatoci 11 suka rinjayi 10 kan kada a buɗe wani ambulan na shaida, jama'a suka cika titin EDSA, sojoji suka janye goyon baya, ran 20 ga Janairun 2001 ya bar fadar Malacañang. A 2007 kotu ta yanke masa ɗaurin rai da rai kan wawure dukiya. Bayan 'yan makonni Shugaba Gloria Arroyo ta yi masa afuwa.

Dolphy ya rasu a watan Yulin 2012 yana ɗan shekara 83, bai taɓa tsayawa ko kansila ba. Shekara ta zagayo Estrada ya nemi kujerar magajin garin Manila, mutanen birnin suka ba shi. A 2016 suka ƙara masa.