Kun Biya Hayar Saba, Saura Makulli

Samarin Abuja masu wasan kwamfuta sun gano dabara mai kyau. Mutum shida ko takwas za su yi karo-karo, su kama hayar saba a wurin wani kamfani, duk wata a biya da dala ko yuro. Na Gwarinpa ya shiga daga ɗakinsa, na Kubwa ya shiga, wanda cunkoson hanyar Nyanya ya riƙe har bayan isha'i shi ma ya iso ya tarar da abokai suna gini a Minecraft ko suna farauta a Valheim. Saba ita ce kwamfutar da ke riƙe duniyar wasan dare da rana, ko an ɗauke muku wuta ko an kawo. Yawanci tana can Turai, a garuruwa irin su Frankfurt da Landan, a ɗaki mai sanyin da ɗakinka bai taɓa gani ba a watan Maris.

Duk wanda ya nemi gida a garin nan ya san abin da ake sha: kuɗin shekara a dunƙule, ga na ejan, ga na lauya. Ba a taɓa jin wanda ya biya wannan duka, ya kwashe kayansa ya zuba, sannan ya tafi kasuwar Wuse ya bar ƙofa a wangale ba. Amma da saba haka ake yi kullum, kuma abin yana ci mini rai, domin na san wata nawa yara ke ɗauka suna gina gari guda a cikin wasa.

Za ka ce, wa ya san adireshinmu? Ɗan'uwa, ba sai an sani ba. Adireshin intanet na tsohon tsari, IPv4, bai wuce biliyan 4.3 ba, kuma akwai manhajoji irin su Masscan da ke iya zagaye shi kaf cikin mintuna idan layin mai ƙarfi ne. Kowane wasa yana da mashigar da aka san shi da ita: Minecraft 25565, Counter-Strike 27015, Palworld 8211. Akwai na'urorin da ba su da aiki sai ƙwanƙwasa waɗannan lambobi, ba barci ba hutun sallah. Wanda ke bayansu bai san ka ba, bai san inda Lugbe take ba, bai ma riƙe ka a zuciya ba. Wuri ya samu a buɗe, ya shiga ya watsa wuta a gininku, ya yi dariyarsa ya wuce na gaba.

Makullan saba uku ne, kuma wanda ya fi girma shi aka fi mantawa da shi. Shi ne na asusunku a shafin kamfanin da ya ba ku haya. Wanda ya riƙe wannan zai iya goge duniyar gaba ɗaya, ya ga bayanan biyan kuɗi, ya kore ku daga abin da kuka biya. Mutum ɗaya ya riƙe shi, wanda aka yarda da hankalinsa, ba wanda ya fi kowa surutu a guruf ba. Ya kunna tabbaci na biyu, irin lambar da Google Authenticator ke bayarwa duk daƙiƙa 30. Idan wani na bukatar ya riƙa tayar da saba in ta tsaya, shafukan da ke amfani da Pterodactyl suna ba da damar buɗe masa ƙaramin asusu mai iyaka. Ya kunna, ya kashe, shi ke nan. Maɓallin gogewa ba a gabansa yake ba.

Na biyu shi ne kalmar shiga wasa, kuma kowane wasa da halinsa. A Counter-Strike, cikin server.cfg ake rubuta sv_password. A Palworld akwai ServerPassword a cikin PalWorldSettings.ini. Valheim kuwa malami ne mai tsanani: kalmar da ba ta kai haruffa 5 ba ba ya karɓa, kuma idan ka ɗauko ta daga cikin sunan sabar sai ya ƙi tashi sam. Allah ya saka wa masu wannan wasa da alheri, sun san halinmu.

Minecraft ne zai ba ka mamaki, domin ba shi da kalmar shiga ko kaɗan. Jerin suna yake amfani da shi. A cikin server.properties ka mayar da white-list zuwa true, sannan ka shigar da sunayen mutanenka ɗaya bayan ɗaya da umarnin whitelist add. Wanda babu sunansa, ko ɗan minista ne, waje zai tsaya. Sai dai ga inda gizo ke saƙar. Da yawa daga cikin yaranmu ba su sayi wasan na asali ba, sai a mayar da online-mode zuwa false don kowa ya samu shiga. Daga ranar da aka yi haka saba ta daina tantance kowa. Duk wanda ya rubuta sunanka ya zama kai, har da ikon da kake da shi. Abin da ya fi shi ne a haɗa kuɗi a sayi na asali a bar tantancewa a kunne. In hali bai yi ba, a saka ƙari irin AuthMe, wanda ke sa kowane ɗan wasa ya yi rajista da kalmarsa kafin ya ɗaga ƙafa.

Na uku na admin ne, wato mai iko a cikin wasa. Kada ya zama ɗaya da na shiga, kada ma su yi kama. Kuma RCON, hanyar ba saba umarni daga nesa, a bar ta a kashe in ba a bukata, domin kalmar sirrinta a fili take tafiya ba a lulluɓe ba.

To wace kalma za a saka? Bari mu fara sallamar waɗanda ba za su samu aikin ba. 123456, sai wata rana. A 2009 an sace kalmomin sirri miliyan 32 daga kamfanin RockYou, ita ce ta zo ta ɗaya, kuma wannan jerin har gobe da shi masu fasa asusu ke fara gwaji. Abuja da shekarar bana, a sauka lafiya. Arsenal, Barca, Kano Pillars, duk mun gode. Sunan wadda kake zuwa zance wurinta a Karu, wannan kam duk majalisa ta haddace shi, har da ranar haihuwarta. Kalmar da kamfani ya saka tun farko ita ma a cire ta. Cutar kwamfuta mai suna Mirai da ta girgiza manyan shafukan Amurka a 2016 da kalmomin sirri na masana'anta kusan 60 ta kame dubban ɗaruruwan na'urori, kuma samarin da suka ƙirƙire ta a rigimar sabobin Minecraft suka goge.

Tsawo ake nema. Hukumar NIST ta Amurka tun 2017 ta ce doguwar kalma ta fi gajeriya mai tarkacen alamomi amfani, kuma ba sai an riƙa canzawa duk wata ba in babu alamar ta fita. A nan Bahaushe ya yi sa'a. Ɗauko kalmomi huɗu ko biyar da babu abin da ya haɗa su, ka jera da lamba a tsakani, kamar kilishi, randa, jirgi da sanyi. Waɗannan dai kada ka ɗauka, an riga an buga su. Karin magana ma a bar shi, domin wanda ya ji farkonsa zai ƙarasa maka. Ka kuma guji haruffa masu ƙugiya a cikin kalmar. Suna da kyau a rubutu, amma wani allon rubutun ba shi da su, wani fayil ɗin kuma ya hargitsa su, ka wayi gari ka rufe kanka a waje. Na asusu da na admin a ajiye su a manhajar adana kalmomi irin Bitwarden ko KeePass, ba a bayan rasit ɗin laftof ɗin da ka sayo a Banex ba.

Yanzu mun zo kan babbar magana. Baƙon Turai da na'urarsa ba shi ne ya fi yi mana ɓarna ba; da ɗan gari akan ci gari. Kalmar da ka ɓata dare kana ƙerawa kunya ce za ta fitar da ita. Ƙanin abokinka zai zo ya durƙusa ya gaishe ka, ya ce, "Yaya, don Allah a ba ni fasuwod ɗin, wallahi kallo kawai zan yi." Ka dubi idonsa, ka tuna mahaifiyarsu ta ba ka tuwo ranar Juma'a, ka ba shi. Yaron kirki ne, ba ƙarya ya yi ba. Amma yana da aminai biyu a makaranta, kowannensu yana da guruf, kowane guruf yana da mai tura duk abin da ya gani. Kafin la'asar kalmar ta sauka Suleja, kafin magariba tana Kaduna ba tikitin jirgin ƙasa.

Kara hali ne mai kyau, ba na so mu rasa shi. Hanyar ita ce a cire nauyin daga wuyan mutum ɗaya. Ku yi doka tun ranar farko cewa sabon mutum sai duk masu karo-karo sun amince. Sai ka samu abin faɗa ba tare da ka ɓata wa kowa ba: "Ƙanena, ba ni kaɗai ba ne, bari in kai maganarka gaban 'yan'uwa." In sun yarda, a saka sunansa a jeri. Kalma kuma a aika wa kowa shi kaɗai, kada a lanƙaya ta a bayanin guruf. Mai ɗaukar hoton allo ya ɗora a sitatus, da mai nuna wasa kai tsaye a TikTok, su duba ko adireshin saba na leƙowa a kusurwa. Wanda ya shiga asusu a kwamfutar gidan gem ya fita kafin ya tashi.

Rigima ma za ta zo, yawanci a ƙarshen wata, lokacin da wani ya ce alat bai shigo ba karo na uku. Idan mutum ya fita da fushi, a daren a canza kalma a cire sunansa, gobe a je biko. In an shirya a mayar da shi, minti ɗaya ne. Dokar laifukan intanet ta 2015 ta haramta shiga kwamfutar wani ba izini, gaskiya ne, amma ba na jin za ka so tsayawa gaban ɗan sanda kana bayanin yadda aka ƙona maka gidan tubali da tumaki goma na cikin wasa. Ajiyar kwafi ta fi sauƙi. Ka saita ta kullum, kuma lokaci lokaci ka sauke ɗaya zuwa kwamfutarka in ka samu data mai arha.

In za ka gyara fayil, tsayar da saba tukuna, ka rubuta, ka adana, sannan ka tayar da ita, domin wasu wasannin suna mayar da tsohon saiti idan an taɓa su suna aiki. Daga nan ka sa wani abokinka da babu sunansa a jeri ya gwada shiga, wani kuma ya gwada da tsohuwar kalma. Idan an koro su duka biyun, ka sanar da guruf a dawo gini.